Darasin Girki: Yadda Ake Gasa Kobla

A Amurka akwai wani abincin zaƙi mai suna kobla. Sukan yi shi da bulubari, 'ya'yan itace shuɗɗa masu girman magarya. Bulubari na ƙasar sanyi ne, saboda haka mu sai mu yi da nunannen mangwaro, wanda yakan ruɓe mana a banza a lokacinsa.

1. A yanka mangwaro kofi 4 cikin ƙaramar tukunya, a barbaɗa sukari cokali 4, a matsa lemun tsami.
2. A haɗa fulawa kofi 1, sukari cokali 3, bekin foda cokalin shayi 2 da ɗan gishiri. A murje da man shanu cokali 4, a kwaɓa da madara rabin kofi.
3. A ɗiɗɗiga kwaɓin bisa mangwaron. Kada a juya.
4. A rufe, a ɗora bisa garwashi kaɗan, a zuba garwashi mai yawa kan murfin.
5. Bayan minti 40, in sama ya yi ja, ya gasu.

Uwargida, ki lura da wuta. In ta ƙasa ta yi yawa, mangwaron zai ƙone, kuɗin fulawa ya tafi.