Amsoshin Tambayoyinku: Bishiyar Laburnum Tana da Guba?

Wata mai sauraronmu da ke zaune a Ingila tana tambaya ko bishiyar laburnum ta lambun gidansu na iya cutar da yara.

Ƙwarai kuwa, Malama. Wannan bishiya mai furanni ruwan ɗorawa, ganyenta da ɓawonta da furenta duk suna ɗauke da gubar cytisine, mai aiki a jiki irin na nikotin. Gubar ta fi yawa a ƙwayar irin, ga shi kwansonta kamar na wake, abin da ke ruɗin yara ke nan. Wanda ya ci yakan yi amai, jiri da magagi, wani lokaci har jijjiga, kodayake ba kasafai takan kashe ba.

Ki riƙa tsinke kwanson tun yana ɗanye. Idan yaro ya ci, kada ki tilasta masa amai, ki garzaya da shi asibiti tare da kwanson.