Yadda Ake Gano Cutar Gona Mai Sarrafa Kanta a Wasan Minecraft

Gabatarwa

Minecraft wasan kwamfuta ne wanda wani ɗan ƙasar Suwidin mai suna Markus Persson ya fara fitarwa a shekarar 2009. Cikakkiyar sigarsa ta fito a 2011, kuma a 2014 kamfanin Microsoft ya sayi kamfanin Mojang da ke yin sa a kan dala biliyan 2.5. A cikin wasan, duniya gaba ɗaya da bulo aka gina ta, kuma ɗan wasa na da 'yancin haƙa, gini da noma yadda ya ga dama.

Daga cikin abubuwan da ake ginawa akwai gona mai sarrafa kanta, wato na'urar da ke samar da rake, alkama, ƙarfe ko wani abin amfani ba tare da an sa mata hannu ba. Sau da yawa mutum zai ƙona data yana kallon bidiyo, ya kwashe awa uku yana gini, ya buɗe akwati ya tarar ba kome. Abin da yawancin mutane ke yi shi ne su rushe ginin su sake sabo, kuma sabon ya ƙi aiki kamar na farko. Manufar wannan darasi ita ce nuna wa mai karatu cewa rushewa ba magani ba ce. Ruwa ba ya tsami banza: duk gonar da ta tsaya, akwai wata doka ta wasan da aka karya, kuma ana iya gano ta.

Gaɓoɓin gona

Kowace irin gona tana da gaɓoɓi huɗu da ke haɗe kamar sarƙa. Na farko shi ne tushe, inda abin ke tsirowa ko bayyana. Na biyu girbi, wato abin da ke yanke shuka ko kashe dodo. Na uku jigila, wadda yawanci ruwa ne ke yin ta. Na huɗu ajiya, wato mazurari da akwati. Idan gaɓa ɗaya ta tsinke, sakamakon iri ɗaya ne: akwati wayam. Saboda haka ganin akwati wayam bai gaya mana inda cutar take ba. Sai an bi gaɓoɓin ɗaya bayan ɗaya. Amma kafin nan akwai tambayoyi biyu.

Tambaya ta farko: wane Minecraft kake bugawa?

Wasan iri biyu ne, Java da Bedrock. Java a kwamfuta kaɗai ake buga shi, wanda ke cikin wayar hannu kuwa Bedrock ne. Kamanninsu ɗaya, amma kowane tsuntsu kukan gidansu yake yi. Alal misali, a Java ƙauyawa 3 sun isa a yi gonar ƙarfe, amma a Bedrock ana buƙatar aƙalla ƙauyawa 10 da gadaje 20. Wanda ya kwaikwayi ginin Java a wayarsa, ko da bai kuskure bulo ɗaya ba, ba zai ga ƙarfe ba.

Haka kuma dokoki kan canza da shekaru. A sigar 1.14 ta 2019 an sauya halayen ƙauyawa, tsofaffin gonakin ƙarfe suka daina aiki. A sigar 1.16 ta 2020 an toshe wata dabara da ake tilasta wa rake tsirowa nan take. A sigar 1.18 ta 2021 an sauya dokar haske ta bayyanar dodanni. Don haka a duba shekarar bidiyo da sigar da aka yi shi a kai tun kafin a aza bulo na farko.

Tambaya ta biyu: wasan yana aiki a wurin kuwa?

An yanka duniyar wasan fegi-fegi, kowane fegi bulo 16 ne a tsawo, 16 a faɗi. Agogon wasan na bugawa sau 20 a daƙiƙa ɗaya, amma bugun ba ya kaiwa ko'ina, sai fegin da ke kusa da ɗan wasa. Idan ka yi nisa, rake ba ya girma, mazurari ba ya zuba, kome na tsayawa cak har ka dawo. A Bedrock, nisan aikin da sabuwar duniya ke zuwa da shi fegi 4 ne, wato kimanin bulo 64. Wanda ya gina gona ya tafi haƙar ma'adinai can nesa, ya dawo ya ga ba kome, gonarsa lafiya lau take. Gwajin mai sauƙi ne: ka tsaya kusa da ita na tsawon yini ɗaya na wasan, wato minti 20, sannan ka duba. A Java, danna F3 tare da G yana nuna iyakokin fegi.

Bin sawu daga akwati

Idan an amsa waɗannan tambayoyi, sai a fara daga ƙarshen sarƙa a koma farko. Dalili kuwa, gaɓoɓin ƙarshe sun fi sauƙin gwadawa, kuma ba sai an jira shuka ta girma ba.

1. Ajiya. Mazurari, wanda 'yan wasa ke kira hofa, yana karɓar kaya daga sama ya zuba inda bakinsa ya fuskanta. Ka jefa bulo 10 a kansa ka buɗe akwati. In ba su iso ba, duba abu uku. Na ɗaya, bakin mazurarin na kallon akwatin, ko kuwa gefe ya juya? Na biyu, akwai wutar jan dutse da ke taɓa shi? Mazurarin da wuta ta shiga yakan kulle, ba ya karɓa ba ya bayarwa. Na uku, akwatin ya cika? Babban akwati na da gurbi 54, kowane gurbi na ɗaukar 64 na yawancin kaya, jimla 3,456. A Java mazurari na wuce da kaya biyu da rabi a daƙiƙa, wato 9,000 a awa, don haka idan yana aiki ba tsayawa zai cika babban akwati cikin kimanin minti 23. Gonar da ke samar da fiye da abin da mazurari ɗaya zai iya ɗauka tana buƙatar layi na biyu, domin duk kayan da ya kwanta a ƙasa minti 5 yakan ɓace.

2. Jigila. A kan shimfiɗaɗɗen wuri ruwa na tafiyar bulo 7 ne daga mafarinsa, sannan ya tsaya. Idan mazurari na bulo na 10, kayan za su taru a inda ruwan ya ƙare har su ɓace. Ka jefa abu a farkon magudanar, ka bi shi da ido har ƙarshe. Inda ya maƙale, nan cutar take. Maganin shi ne a saukar da magudanar ƙasa da bulo ɗaya don ruwan ya sake samun tafiya, ko a matso da mazurarin.

3. Girbi. Mu ɗauki gonar rake. Ana sa fistin a daidai gaɓa ta biyu ta raken, a aza masa na'urar sa-ido a daidai gaɓa ta uku. Da raken ya kai ta uku, sa-ido zai gani, ya aika wuta, fistin ya karya shi. Ba sai ka jira ba: ka ɗora rake da hannunka har gaɓa uku. In fistin bai motsa ba, galibi an juya sa-idon ne. Ɓangaren da ke da fuska shi ke kallon rake, ɗigon da ke bayansa shi ke fitar da wuta. Sannan wutar jan dutse na farawa da ƙarfi 15, tana raguwa da ɗaya a kowane bulo, don haka doguwar waya sai an sa mata na'urar sabunta ƙarfi. Fistin kuma ba ya tura fiye da bulo 12. In kuwa ya karya raken amma gutsattsarin na faɗawa waje, sai a kewaye wurin da gilashi.

4. Tushe. A nan kowace gona da tata doka. Rake na buƙatar ruwa a jikin bulon da aka shuka shi a kai, amma bai damu da haske ba. Alkama kuwa sai da haske mai ƙarfi 9 ko fiye take girma, kuma ruwa na jiƙa ƙasar noma ne zuwa nisan bulo 4 kawai. Shi ya sa ake yin fili 9 sau 9 da ruwa a tsakiya, a sami gurbin shuka 80.

Gonar dodanni ta fi wuyar sha'ani. Tun daga 2021, yawancin dodannin doron ƙasa ba sa bayyana sai a duhu ƙirin, inda haske ya zama sifili. Ƙaramar kafa a rufi ta isa ta ɓata ɗaki guda. Ba sa bayyana a cikin bulo 24 daga ɗan wasa, kuma a Java duk wanda ya wuce nisan bulo 128 yakan ɓace nan take. Bayan haka, a Java adadinsu na da iyaka, wato 70. Idan kogunan ƙarƙashin ƙasa sun cika da su, babu sauran gurbi ga gonarka. Maganin shi ne a haskaka waɗannan wurare da fitilu, ko a gina gonar can sama a kan teku.

Gonar ƙarfe ta Java kuwa ta dogara ne da tsoro. Ƙauyawa na ganin zombi, su firgita, sai dogarin ƙarfe ya bayyana don ya kare su. Idan an kashe shi yana barin ƙarfe 3 zuwa 5. Amma wajibi ne ƙauyawan su kasance sun kwanta a gado cikin minti 20 da suka wuce. Kuma idan wani dogari ya bayyana a wajen tarko yana yawo kusa da su, ba za su kira sabo ba. A duba ko zombin na nan, domin rana na ƙona shi in ba rufi, kuma yakan ɓace in ba a maƙala masa alamar suna ba.

Dokar gyara

Da zarar ka zargi wani wuri, ka canza abu ɗaya tak, ka sake gwadawa. Wanda ya canza abu biyar lokaci guda, in gonar ta tashi bai san wanne ya gyara ta ba, in ta ƙi kuma mai yiwuwa ya ƙara mata sabuwar cuta. Yana da kyau a auna da lamba: kwashe akwati, tsaya minti 10, ƙirga abin da ya shigo, ka rubuta. Bayan gyara ka sake yin haka. Lambobi biyun su za su gaya maka gaskiya, ba zato ba. Kafin babban gyara, a kwafi duniyar a yi gwajin a cikin kwafin, domin rigakafi ya fi magani.

Kammalawa

Mun ga cewa ana fara bincike da sanin irin wasan da sigarsa, sannan nisan ɗan wasa, sannan a bi sarƙa daga akwati zuwa tushe, ana canza abu ɗaya a lokaci ɗaya. Wanda ya saba da wannan tsari ya daina dogara da kwaikwayo, ya kai matsayin da zai tsara gonarsa da kansa. Kuma ko a wajen wasa, haka ƙwararren bakanike ke bin mota, haka mai gyaran wuta ke bin waya. Allah ya ƙara mana basira.

Jinga

1. Gonar dodanni na samar da kaya 12,000 a awa, amma mazurari ɗaya gare ta. Kaya nawa ke salwanta a kowace awa a Java, kuma mene ne magani?

2. Fistin na karya rake, amma akwati wayam. Waɗanne gaɓoɓi biyu za ka gwada, kuma ta yaya?

3. Abokinka ya gina gonar ƙarfe da ƙauyawa 3 a wayarsa, ta ƙi aiki. Wace tambaya za ka fara yi masa?