Ma'anar Sunan Folkodin da Amfanin Saninsa

Folkodin, wanda akan rubuta Pholcodine a jikin kwalba, maganin busasshen tari ne daga dangin ofiyom. A ƙasar Faransa aka fara haɗa shi. Sunan nan gaɓa biyu gare shi. An gutsuro "fol" daga sunan sinadarin mofolin da ke cikin ginin maganin. Ragowar kuwa tana nuna zumuntarsa da kodin, wanda ya samo nasa sunan daga kalmar Girkanci "kodeia", watau kan tsiron da ake tatsar ofiyom.

Aikinsa shi ne kwantar da sashen ƙwaƙwalwa mai tayar da tari. Ba ya fitar da kaki.

Sanin sunan ya zama tilas domin an gano cewa wanda ya sha folkodin cikin wata 12 kafin a yi masa tiyata, jikinsa na iya yin mummunan bore ga allurar sassauta tsoka da ake haɗawa da ta barci, har rai ya salwanta. Saboda haka ƙasar Norwe ta janye shi a 2007, hukumar magunguna ta Tarayyar Turai ta ba da shawarar janyewa a 2022, Ingila da Ostareliya suka janye a 2023.

Kamfanoni sukan buga nasu sunan da manyan baƙaƙe, na ainihin maganin da ƙanana. Lalle mai saye ya karanta ƙananan, musamman a tsohuwar kwalba ko tsarabar matafiyi. Wanda ya riga ya sha kuwa, ya shaida wa likita kafin ranar tiyata.