Uwargidan Shugaban Ƙasa: Kujerar da Ba a Jefa wa Ƙuri'a

Ga tambaya ga duk wanda ya zauna ajin nazarin zama ɗan ƙasa a shekararsa ta farko: a wane sashe na Kundin Tsarin Mulkin 1999 aka ambaci ofishin uwargidan shugaban ƙasa? Kada ka wahalar da kanka da bincike, babu shi. Kundin ya yi bayanin shugaban ƙasa da mataimakinsa da ministoci da masu ba da shawara, bai ce komai a kan matar shugaba ba. Amma duk da haka ofishin na nan a Abuja, da ma'aikatansa da jerin gwanon motocinsa, kuma kowace jiha ta kwafi nata. Darasinmu na wannan fitowar zai duba yadda wannan kujera ta samo asali, da yadda jama'a ke kallonta, da abin da hakan ke faɗa mana game da matsayin mace a siyasar ƙasa.

Daga ina aka faro?

A Jamhuriya ta Farko da ta Biyu, matan shugabanni ba su cika fitowa fili ba. Dalibai nawa ne za su iya kawo sunan matar Tafawa Ɓalewa ko ta Shehu Shagari? Abin ya canja ne a zamanin soja. A 1987 Maryam Babangida ta ƙaddamar da shirin Better Life don matan karkara, matan gwamnonin soja suka zama shugabanninsa a jihohi, aka kafa ƙungiyoyin gama kai da cibiyoyin koyon sana'a. A 1989 gwamnati ta kafa hukumar mata ta ƙasa, wadda ta zama cikakkiyar ma'aikatar harkokin mata a 1995.

Maryam Abacha ta zo da nata shirin na tallafa wa iyali a 1994, kuma daga cikinsa ne aka faro asibitin mata da yara wanda yau muke kira Asibitin Ƙasa na Abuja. Mai shari'a Fati Lami Abubakar ta kafa ƙungiyar WRAPA a 1999 don kare haƙƙin mata, kuma tana aiki har gobe. Tun daga nan ya zama al'ada: kowace uwargida da nata shirin, kuma da yawansu suna yin sanyi da zarar maigida ya sauka.

Wata masaniya 'yar Najeriya, Farfesa Amina Mama, ta yi nazarin wannan al'ada a 1995, ta ba ta suna da za mu iya fassarawa da mulkin matan manya. Ma'anarsa tsari ne da wasu mata 'yan kaɗan ke magana da sunan dukkan mata, alhali ƙarfinsu daga muƙamin mazajensu ya fito. Ku riƙe wannan ma'anar, don ita ce ginshiƙin darasin.

Me ake nufi da ra'ayin jama'a?

Ra'ayin jama'a shi ne matsayar da akasarin mutane suka ɗauka a kan wani al'amari da ya shafe su. Ana jin sa a majalisun unguwa, a shirye-shiryen rediyo na kiran waya, a Facebook da TikTok, ana kuma auna shi ta hanyar tambayoyin jin ra'ayi. Sai dai fa a kula: mai ƙarar murya ba lallai ne shi ne mai rinjaye ba. Mutum ɗari za su iya cika intanet da surutu, alhali dubban matan ƙauye da ake maganarsu ba su da waya ma. Ma'aunin da ya fi kowanne nauyi shi ne akwatin zaɓe. Bari mu ɗauki misalai uku mu ga yadda ra'ayin ke juyawa.

Na farko, Turai 'Yar'aduwa. Kafin rashin lafiyar mijinta ana yabonta da kamun kai. Da aka tafi da shugaban Saudiyya a watan Nuwamban 2009 ba tare da miƙa mulki ba, sai jaridu suka cika da zargin cewa ita da wasu makusanta ne ke riƙe da ƙofa. Sai a watan Fabrairun 2010 Majalisar Tarayya ta ayyana Goodluck Jonathan a matsayin muƙaddashi. Abin lura a nan shi ne babu wata hanya a doka da za a kira ta a yi mata tambaya, ko ita ma ta wanke kanta, domin ba ta riƙe da muƙamin da doka ta sani.

Na biyu, A'isha Buhari. A watan Oktoban 2016 ta yi hira da Sashen Hausa na BBC, ta ce wasu tsiraru sun mamaye gwamnatin mijinta, kuma idan abubuwa ba su gyaru ba, ba lallai ta taya shi yaƙin neman zaɓe a gaba ba. Shugaban yana Berlin a lokacin, tsaye kusa da Angela Merkel, macen da ke mulkin Jamus, ya mayar da martani cewa wurin matarsa kicin ne da falo da ɗaya ɗakin. Nan take ƙasa ta rabu biyu. Wasu suka ce ta yi jarumta, wasu suka ce ta tona asirin gida. Ku lura da abin da ya faru: maganar da ta ɗauko ta shugabanci ce, wato su wa ke naɗa mutane a muƙamai, amma muhawarar ta koma kan ko ya dace mace ta yi wa mijinta gyara a bainar jama'a.

Na uku ya shafe mu kai tsaye. A ƙarshen 2022 an kama wani ɗalibin jami'a saboda abin da ya rubuta a Twitter game da uwargidan shugaban ƙasa, aka gurfanar da shi a kotu. Sai da ƙungiyoyin ɗalibai da na kare haƙƙi suka yi ca, sannan aka janye ƙarar. Darasi biyu ne a ciki. Kujerar tana da ƙarfin gaske ko da kundin bai san da ita ba. Mu kuma masu waya a hannu, mu san bambancin sukar aiki da cin mutuncin mutum.

To, ina matan da aka zaɓa?

Nan ne lissafi ke ba da kunya. A 1999 mata uku ne a Majalisar Dattawa cikin kujeru 109. A watan Yunin 2023, bayan shekara 24, mata uku aka rantsar, sai daga baya kotu ta ba Natasha Akpoti-Uduaghan kujerarta suka zama huɗu. A Majalisar Wakilai ba su kai 20 ba cikin 360. Har yau ba a taɓa zaɓen mace gwamna ba. Virginia Etiaba ta riƙe Anambra na 'yan watanni daga Nuwamban 2006, amma tsige Peter Obi ne ya kai ta. A'ishatu Binani ta yi takara mai zafi a Adamawa a 2023, ba ta kai bantenta ba. Sarah Jibril kuwa, a zaɓen fidda gwani na PDP a 2011, ƙuri'a ɗaya tak ta samu.

Ga wani abin dubawa. A watan Fabrairun 2022 A'isha Buhari ta je Majalisa da kanta don nuna goyon baya ga ƙudurorin gyaran tsarin mulki da suka shafi mata, ciki har da na ware musu ƙarin kujeru 111. A ranar 1 ga Maris 'yan majalisa suka yi fatali da su. Kun ga iyakar ƙarfin aro ke nan: yana buɗe ƙofar fada, amma ba ya jefa ƙuri'a a zauren majalisa. Maƙwabciyarmu Nijar tun shekarar 2000 ta yi dokar ware wa mata kaso a muƙamai, mu kuma manufar kashi 35 cikin ɗari da aka rubuta a 2006 har yanzu tana kan takarda.

Wannan ba yana nufin matan shugabanni ba su da cancantar kansu ba. Oluremi Tinubu ta ci zaɓen sanata sau uku a Legas kafin ta shiga fadar Aso Rock. Fati Abubakar ta kai matsayin Babbar Jojin Jihar Neja. Tambayar ita ce wace ƙofa muke buɗe wa sauran matan da ba su auri shugaba ba. Hajiya Gambo Sawaba ta sha ɗauri da duka a ƙarƙashin tutar NEPU tana neman wa matan Arewa 'yancin zaɓe, kuma sai a 1979 suka fara jefa ƙuri'a a babban zaɓen ƙasa. Ba ta taɓa zama matar shugaba ba, amma duk ɗalibar da ke da katin zaɓe a jakarta tana cin moriyar wahalarta.

Abin da ya rage mana

Idan aka zo maganar kowace uwargida, ta shugaban ƙasa ko ta gwamna, mu yi tambayoyi uku maimakon sharhin leshi da gwalagwalai. Daga ina kuɗin shirinta ke fitowa? Wa ke bincikar yadda aka kashe su? Shirin zai rayu bayan mijin ya sauka? Idan ofishin na da amfani, a yi masa doka da iyaka. Idan babu, a bar wa ma'aikatar mata aikinta.

Sannan mu dubi gida. A zaɓukan ƙungiyoyin ɗalibai an saba ganin mata a kujerar mataimakiya ko ta walwala, ta shugaba kuwa kamar an rubuta wa maza ita. Babu inda tsarin mulkin ƙasa ya ce haka, sashe na 42 ma ya hana nuna bambanci saboda jinsi. Kuma tun 2018 mai shekara 25 na iya tsayawa takarar majalisar jiha ko ta wakilai, wato wasunmu shekara uku kacal ya rage musu. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Idan fom ɗin takara ya fito a zangon gaba, 'yar'uwa, ki saya. Kai kuma ɗan'uwa, ka saurari manufarta kafin ka tambayi wanda ke bayanta.