Yadda Za Mu Yi Uwar Yisti A Gida

'Yan'uwa, yawancinmu da ke toya burodi muna dogara ga yistin kanti. Amma kasuwa da nisa, kuɗinsa kuma yana cin ribarmu. Ban da haka, in an buɗe fakiti zafi da laima sukan rage masa ƙarfi, kwaɓi ya ƙi tashi, gari ya tafi a banza. To, akwai hanyar da za mu reni namu da gari da ruwa kawai.

Mene ne yisti?

Yisti abu ne mai rai, ƙanƙane ƙwarai, ido ba ya ganinsa. Yana cin zaƙin da ke cikin gari, ya fitar da iska, iskar nan ce take kumbura kwaɓi. Mutanen Masar sun yi burodi mai tashi shekaru dubbai da suka wuce, amma sai wajen 1857 Louis Pasteur na Faransa ya nuna cewa ƙananan halittu ne ke wannan aiki. Akwai yisti a jikin ƙwayar hatsi tun daga gona, tare da waɗansu ƙwayoyi masu kawo tsami. Su ne suke sa ƙullun koko ya yi tsami in ya kwana.

Kayan aiki

Garin alkama wanda aka niƙa da dusarsa, gama yisti ya fi yawa a dusa. Kwalba mai faɗin baki. Ƙyalle mai tsabta. Ruwan sha mai kyau. In na famfo ne a bar shi ya kwana a buɗe, domin maganin da ke ciki ya fita.

Yadda ake yi

1. Ranar farko a dama gari cokali 4 da ruwa cokali 2 a kwalba. A ɗaure bakin da ƙyalle, a ajiye a inuwa. Kada a toshe da murfi, iska tana bukatar hanyar fita.

2. Kowace safiya a rage cokali 2 a kwalba, a zubar da saura a ramin taki. A ƙara gari cokali 4 da ruwa cokali 2. Wannan shi ne ciyarwa.

3. A rana ta biyu ko ta uku za mu ga kumfa. Wani lokaci yakan yi shiru bayan haka. Kada mu fid da rai, mu ci gaba da ciyarwa.

4. Tsakanin kwana 7 zuwa 10 uwar yisti takan kafu. Alamarta ita ce ta ninka yawanta cikin awa 4 zuwa 8 bayan ciyarwa, tana ƙanshi mai ɗan tsami.

Da bazara a ciyar safe da yamma, a ajiye kwalbar a gindin randa. Da hunturu a sa ta kusa da murhu, amma ba dab da wuta ba, gama zafin digiri 60 yana kashe yisti. In ruwa ya taru a sama, yunwa take ji: a tsiyaye, a ciyar. In kuwa ta yi fumfuna, ko launinta ya koma ja-ja, a zubar duka, a wanke kwalba, a sake.

Ranar toyi

Daren jajibere a ciyar da ita da gari kofi 1 da ruwa rabin kofi. Da safe a ɗebi kofi 1, a haɗa da fulawa kofi 4, ruwa kofi 1 da kwata, gishiri ƙaramin cokali 2. A murza sosai, a rufe har ya ninka. Zai ɗauki awa 4 zuwa 8, gama ya fi na kanti jinkiri. A sa a gwangwani, ya sake tashi, a gasa. Kullum a rage kaɗan don gaba.

Domin ƙungiya

Bari gida biyu ko uku su riƙe uwar yisti, in ta wani ta mutu ya ɗebo wurin ɗan'uwa. A shafa kaɗan a faranti, a shanya a inuwa, a farfasa a ajiye a busasshiyar kwalba. Za ta yi watanni. Ruwa da gari za su tashe ta.

Tambayoyi

1. Nawa muke kashewa kan yisti a wata?
2. Su wa za su fara gwadawa, su kawo mana burodin a taro na gaba?