Yadda Mai Bin Almasihu Zai Karanta Attaura da Annabawa

Ya ku 'yan'uwa da kuka shiga hanyar Almasihu, da ku masu neman saninta, ku sani Littafi Mai Tsarki da ke hannunku kashi biyu ne: Tsohon Alkawari mai littattafai 39, da Sabon Alkawari mai littattafai 27. Kashi na fari kuwa littafin Yahudawa ne tun kafin ya iso gare mu, har yau suna karanta shi a majami'unsu da harshen Ibrananci. Su littattafai 24 suke ƙidayawa, gama suna haɗa waɗansu wuri ɗaya, suna kuma raba shi uku: Attaura, da Annabawa, da Rubuce-rubuce waɗanda Zabura ke cikinsu. Shi ne littafin da Ubangiji Yesu ya karanta a majami'ar Nazarat, da shi kuma manzanni suka yi wa'azi tun ba a rubuta Bishara ko ɗaya ba.

Wannan darasi ya wajaba ƙwarai a kan mazaunin Katsina, domin birni ne na ilmi tun zamanin da. Hasumiyar Gobarau tana nan tsaye, sunan Wali Ɗan Marina da na Wali Ɗan Masani suna bakin kowa. Da watan azumi za ku ji mai jan baƙi ya karanta aya, malam ya fassara ta, ya faɗi dalilin saukarta da abin da magabata suka ce a kanta. Mutanen da suka saba da wannan ba za su karɓi ayar da aka tsinko daga wurinta ba. Littafi Mai Tsarki bai fito cikakke da Hausa ba sai a 1932, da aikin Likita Walter Miller na Zariya da abokan aikinsa. Mishan kuwa ta kama aikin jinyar masu kuturta a Babbar Ruga a zamanin Sarki Muhammadu Dikko, wanda ya rasu a 1944. Hausawa masu bi kaɗan ne a cikin birni, ido yana kansu. Wanda ya ja aya ba daidai ba, sunan Ubangijinsa ya jawo wa zargi.

Kada a yar da tushiya

Akwai wanda zai ce, tun da muna da Bishara, ina amfanin tsohon littafi? Wannan magana ba sabuwa ba ce. Wani mutum mai suna Markiyon ya faɗe ta a birnin Rum, ya ce Allahn Musa dabam, Uban Yesu dabam. Ikilisiya ta ƙi koyarwarsa, ta raba shi da jama'a wajen shekara ta 144. Hausawa sun ce tushiya mafarin dawa. Wanda bai san Ibrahim da Musa da Dawuda ba, ba zai gane ko shafin farko na Bisharar Matta ba. A cikin Luka sura 24 ma, bayan tashinsa daga matattu, Ubangiji ya zauna ya buɗe wa almajiransa abin da ya shafe shi cikin Attaura da Annabawa da Zabura.

Hanyoyi uku

Masana sun duba wuraren da Sabon Alkawari ya ɗauko magana daga Tsoho, suka ga ba hanya ɗaya aka bi ba. Ga uku daga cikinsu.

Ta fari ita ce annabci. A Ayyukan Manzanni sura 8, wani babban ma'aji na ƙasar Habasha yana cikin karusarsa yana karanta Ishaya sura 53, inda aka yi zancen Bawan Ubangiji mai shan wuya saboda laifin waɗansu. Ya tambayi Filibus ko annabin kansa yake nufi ko wani dabam. Filibus ya fara daga wannan wuri ya yi masa shelar Yesu. Haka muka gaskata. Amma ku sani malaman Yahudawa da yawa, kamar Rashi na ƙasar Faransa wanda ya rasu a 1105, sun ce Bawan nan al'ummar Isra'ila ce, gama a waɗansu surori Ishaya ya kira Isra'ila bawan Allah. Ya kamata mai bi ya san wannan fassara, ya karanta surar duka, ya iya faɗin dalilinsa da natsuwa.

Ta biyu ita ce kwatanci. Matta 2:15 ya ce komowar Yesu daga Masar yana yaro ta cika maganar annabi Hosiya. In kun buɗe Hosiya 11:1, za ku tarar annabin, wanda ya rayu sama da shekara 700 kafin haihuwar Almasihu, yana tuna yadda Allah ya fito da Bani Isra'ila daga bautar Fir'auna, yana kiran al'ummar ɗansa. Abin da ya riga ya wuce yake faɗi. Matta ya san haka sarai. Nufinsa shi ne, hanyar da Isra'ila ta bi, ita Yesu ya sāke bi: Masar, da ruwa, da jeji. Su sun yi shekara 40 a jeji suna gunaguni, shi ya yi kwana 40 bai fāɗi ba. In maƙwabcinka ya ce maka Hosiya zancen Isra'ila yake yi, ka ce masa gaskiyarsa, sa'an nan ka nuna masa kwatancin.

Ta uku ita ce ɗauko ƙa'ida. Attaura ta hana sa wa sa takunkumi sa'ad da yake sussukar hatsi, domin shi ma ya ci. Bulus ya ɗauko wannan doka a wasiƙarsa ta fari zuwa ga Korintiyawa sura 9, ya ce in Allah ya kula da hakkin dabba, balle hakkin mutum mai aiki. Manomi ya san wannan ba sai an yi masa dogon bayani ba.

Abin da magabata suka yi

Tun ƙarni na fari malaman ikilisiya sun yi ta shawara a kan iyakar wannan aiki. Na Iskandariya ta Masar, irin su Orijin, sun fi son neman ma'ana ta ɓoye a bayan kowace kalma, har wani lokaci suka yi nisa. Na Antakiya kuwa, irin su Yohanna Kirisostom wanda ya rasu a 407, suka tsaya a kan labarin da kansa da nufin marubuci. A 1952 wani masani ɗan Birtaniya, C. H. Dodd, ya nuna cewa sa'ad da manzo ya ja aya guda, sau da yawa dukan wurin da ta fito yake tuna wa mai karatu, kamar yadda akan faɗi rabin karin magana mai ji ya ƙarasa.

Wani lokaci za ku ga kalmomin aya a Sabon Alkawari sun ɗan bambanta da na Tsoho. Kada zuciyarku ta firgita. Da Helenanci aka rubuta Sabon Alkawari, marubutansa kuwa sukan ja aya daga fassarar Helenanci wadda Yahudawan Iskandariya suka soma sama da shekara 200 kafin Almasihu. Game da Ibranancin kuwa, a 1947 aka tsinci naɗaɗɗun littattafai a kogon Kumran kusa da Tekun Gishiri, ciki har da Ishaya cikakke, wanda ya girmi kofen da aka sani a da da kimanin shekara 1,000. Da aka gwada su, sai aka ga a mafi yawan wurare bambancin na rubutun kalmomi ne da ƙananan abubuwa.

Halin mai karatu

Ku tuna Shaiɗan ma ya ja aya daga Zabura ta 91 sa'ad da ya jarabci Ubangiji, ya tsinke ta daga ma'anarta. Ƙaramin sani ƙuƙumi ne. Saboda haka ku riƙe waɗannan abubuwa.

Kafin ka ɗauki aya, karanta abin da ke gabanta da abin da ke bayanta. Ka tambaya: wa ya faɗa, wa aka faɗa wa, a wane zamani, don me? Bayan ka sami amsa, sa'an nan ka duba yadda ta kai ga Almasihu.

Kada ka buɗe Littafin da ka, ka ɗora yatsa, ka ce wannan ce amsar Allah. Wannan duba ne. Kada kuma ka mai da aya laya.

Kada ka raina Yahudawa. Bulus ya ce a Romawa sura 11 mu rassa ne da aka ɗaura a jikin itacen zaitun nasu, saiwa ce ke ɗauke da mu.

In malami ko ɗan'uwanka ya tambaye ka abin da ba ka sani ba, ka ce za ka bincika, ka je wurin fasto ko dattijon ikilisiya. Matambayi ba ya ɓata. Kada ka ƙaga amsa don gudun kunya, gama ramin ƙarya ƙurarre ne. Ka amsa da tawali'u da girmamawa, ko an karɓa ko ba a karɓa ba.

Aikin wannan mako

Karanta Hosiya sura 11 duka, da Matta sura 2 zuwa 4. Wace al'umma Hosiya ya kira ɗa? A waɗanne wurare tafiyar Yesu ta yi kama da tata? Daga wane littafi na Attaura Ubangiji ya amsa wa Shaiɗan har sau uku?

Ya Allah na Ibrahim da Ishaku da Yakubu, ka buɗe hankalinmu mu fahimci maganarka, ka tsare harshenmu daga karkatar da ita, domin Yesu Almasihu Ubangijinmu. Amin.