Ka fara da labarin da ka sani

Ɗana, tunda ka ƙudurta cewa rubuta fim da ba da umarni za ka riƙa sana'a, bari in ba ka labarin Alfonso Cuarón, mutumin Meziko. Akwai abin ɗauka a tafiyarsa.

An haife shi a birnin Meziko a 1961. Kafin a kira shi darakta ya daɗe yana yi wa wasu mataimaki, yana kuma aikin talabijin. Fim ɗinsa na farko, Sólo con tu pareja, ya fito a 1991, shi da ƙanensa Carlos suka rubuta labarin. Sai Amurka ta buɗe masa ƙofa. A 1998 ya yi Great Expectations da manyan taurari da kuɗi masu kauri, amma daga baya shi da kansa ya sha faɗin cewa aikin bai gamsar da shi ba. Kuɗi da taurari ba sa gyara labarin da bai zauna wa mai shi a zuciya ba.

Sai ya koma gida. Suka sake zama da Carlos suka rubuta Y tu mamá también, labarin samari biyu da wata mata da ke keta ƙasar Meziko a mota. Ya fito a 2001, rubutun ya ci kyauta a bikin fina-finai na Venis. Bayan nan aka ba shi Harry Potter na uku, wanda ya fito a 2004, kuma Gravity na 2013 ya kawo masa kyautar Oscar ta gwarzon darakta.

Lura da abin da ya yi a lokacin da duk abin da ya nema za a ba shi. Ya koma unguwar Roma inda ya tashi, ya yi fim a kan 'yar aikin da ta rene shi, hoton baƙi da fari. Ya bi 'yan'uwa yana tattaro tsofaffin kujeru da kayan ɗakin gidansu. Ya ɗauko Yalitza Aparicio, wadda ta yi karatun koyarwa a jihar Oaxaca, ba ta taɓa fitowa a fim ba, ya bar yaren Mixtec ya fito a bakin masu aikin gidan. 'Yan wasan ma bai ba su cikakken rubutun ba, kowace rana yake shaida wa kowa abin da zai yi. A 2019 fim ɗin, mai suna Roma, ya ci Oscar 3, ciki har da ta fim ɗin harshen waje, wadda Meziko ba ta taɓa samu ba.

Don haka, ɗana, kada ka raina riƙe wa wani fitila, a nan ake koyon aiki. Kada kuma ka kunna kyamara labarinka bai nuna ba. Ka dubi mutanen da ka tashi a hannunsu, ka saurari yadda suke magana, ka rubuta su da gaskiya da mutunci. Allah ya yi maka albarka, ya sa ka fara a sa'a.